Katakon Izinin Fita

Wani mafarki na yi jiya da dare, har yanzu ƙirjina bai daina bugawa ba.

Na ga kaina a ofishin fasfo na wani gari da ban sani ba. Rana tana tsaka, amma inuwar kowa an bar ta a bakin ƙofa tare da takalma. Na je sabunta fasfona ne, domin ƙarfe huɗu jirgi zai tashi da matata Kuluwa zuwa Masar, inda za a yi mata aikin zuciya. Ita kuwa ko asibitin unguwa ba ta shiga sai ina riƙe da jakarta.

Ma'aikaciyar da ke kan teburi zabuwa ce mai tabarau. Ta buɗe fasfon da baki. Hotona na ciki ya dube ta, ya dube ni, sai ya juya mana ƙeya.

"Ka gani ko, Malam Tanimu?" in ji ta. "Ko shi ya ji labari. Akwai tuhuma a kanka."

"Tuhumar me, Hajiya?"

"An nemi ranar Laraba a makarantarku an rasa. Kai ne na ƙarshe da aka gani a cikinta. Ba na buga hatimi sai kotu ta ba ka izinin fita."

Na buɗe baki in yi bayani, sai ga ni zaune a kotu.

Kujerun irin na 'yan aji uku ne, gwiwoyina har haɓa. Mu kusan arba'in ne waɗanda ake tuhuma, kowa ya naɗe hannu a ƙirji. Alƙalin kunkuru ne, an ɗora shi a kan kundin shari'a don a riƙa ganinsa. Agogon bango yana tafiya a kan bangon da ƙafa, ya nuna uku da rabi.

Na ɗaga hannu, kamar yadda nake koya wa yara. Sai da alƙalin ya gama fito da wuyansa ya dube ni.

"Ranka ya daɗe, izinin fita nake roƙo. Mako uku kacal. Ba gudu zan yi ba, shekara talatin ina koyarwa, ko latti ban taɓa yi ba."

"Ba ma hana kowa," in ji shi. "Dubi ƙusar can."

Na duba. Ƙusa ce a jikin ƙofa, babu komai a kanta.

"Katakon izini guda ɗaya ne. Mai fita ya rataya shi a wuya, in ya dawo ya mayar, na gaba ya ɗauka. Mutum biyu ba sa fita lokaci guda."

Wannan doka tawa ce. Ni na sassaƙa katakon da hannuna a ajinmu, don kada yara su riƙa tururuwa zuwa bayan gida.

"Wa ya fita da shi?"

Wani dattijo da ke gefena, gemunsa har ya nannaɗe ƙafar kujera, ya raɗa mini: "Wani ɗan kasuwa ne. Ya ce minti biyar zai yi. Bana shekara goma sha ɗaya."

"Baba, ba wanda ya bi sawunsa?"

"Da wane katako?"

Na sake ɗaga hannu. "Ranka ya daɗe, ni na kafa dokar nan. Don yara na yi ta, kuma in yaro ya matsu ƙwarai nakan kau da kai."

"Ka taɓa rubuta hakan a allo?"

"A'a."

"To, abin da ka rubuta muke bi."

Sai ga jirgin ya biyo ta layin kotu a hankali, yana kauce wa kwata. Ya tsaya daidai tagarmu. Kuluwa tana zaune a ciki, ta rungume jakar da ni ya kamata in riƙe, kujerar gefenta babu kowa. Leɓunanta sun yi fari.

"Malam, taho mana," ta ce. "Sun ce za su cire zuciyar su wanke. Wa zai riƙe min ita kafin su gama?"

Na yunƙura, kujerar ta ƙi sakina. Na miƙa hannu sama iya tsawonsa, ina cewa ranka ya daɗe, ranka ya daɗe. Alƙali ya amsa da muryata, a hankali, cikin lallashi:

"Yi haƙuri, yaron kirki. Sai na farko ya dawo."

Ya mayar da kansa cikin ƙwaryar bayansa. Injin jirgin ya tashi, ƙararsa ta cika kotun, tagar Kuluwa ta fara ja baya.

Ashe injin markaɗen maƙwabta ne aka tayar. Na buɗe ido na ga rana ta fito, hannuna na dama yana miƙe sama, ya sage. Kuluwa tana zaune a bakin gado tana kallona.

"Malam, sauke hannun nan," ta ce, "ka miƙo min maganina."