Sakata a Aljihun Evaristo

"Maƙwabci, iskar gabas za ta taso yau, kada ka ce ban faɗa ba," Don Aliro ya gargaɗi Evaristo.

Amma Maite ta nace, sai babanta Evaristo ya sauke ƙaramin kwalekwalen iska daga tirela zuwa tafkin Llanquihue. Kakanta ya ƙera shi da farantin ƙarfe a ƙasa: a ɗage a hanya, a sauke a ruwa, a danna masa sakata don kada kwalekwalen ya kife.

"Baba, ka cika tsoro!" Ta ja igiya, ta tafi ita kaɗai.

Sai da iskar ta taso, ruwa ya fara tumbatsa, Evaristo ya taɓo sakatar a aljihunsa. Ya ƙwala kira, iska ta mayar masa da muryarsa.

Ko Maite ta lura babu sakatar, bai sani ba.