Mutuwar Osvaldo ta Sittin da Biyu

Osvaldo Tarquini ya dafe ƙirji, ya ƙwala ihu, ya mirgino daga kan gado ya faɗi ƙasa tim, har da shure-shure.

"A tsaya!" in ji Ilaria, daraktar fim ɗin, wadda ba ta wuce sa'ar jikarsa ba. "Baba Osvaldo, wa ya harbe ka?"

"Ba kowa."

"To me ya kai ka ƙasa? Tsufa ne zai ɗauke ka, a kan gadonka, cikin 'ya'yanka. Ka lumshe ido kawai."

Karo na tara ke nan tun safe. Sau sittin da ɗaya Osvaldo ya mutu a finafinan kaboyi da na 'yan fashi da aka yi a Roma zamanin ƙuruciyarsa. An harbo shi daga kan doki, an harbo shi daga rufin banki, sau ɗaya ma wani ƙato ya ɗaga shi ya maka da ginshiƙin kwali. A kwance dai bai taɓa mutuwa ba. Shekara goma sha tara ba wanda ya kira shi aiki sai wannan yarinyar, ga shi yana neman ba ta kunya.

Da aka tashi cin abincin rana ya jiyo furodusa a bayan labule yana cewa, "In ƙarfe uku ta yi bai mutu ba, a nemo wani tsohon."

Ya fita ya zauna a inuwa. Nan matarsa Pierina ta same shi, ta hawo motoci biyu daga unguwarsu da tukunya ƙunshe a tawul.

"Ka mutun?"

"Na kasa."

"Kai da ka saba? Ranar aurenmu ma da jinin ƙarya a kunne ka zo coci."

"Da na ji an ce a fara, sai jikina ya nemi ƙasa. Ba ni nake yi ba, Pierina."

Ta ƙare masa kallo, ta buɗe tukunyar. Taliya ce da miyar wutsiyar sa, tana tururi. Ya cinye, ta ƙara masa.

"Likita fa ya ce..."

"Likita na wurin aikinsa. Ci, tsohon nan."

Ƙarfe biyu da rabi ya koma kan gadon. Ana ta gyaran fitilu, ɗakin ya ɗau ɗumi, matashin kan ga laushi. Ya ce bari ya rufe ido ya tsara yadda zai yi wannan karon.

Tafi ne ya farkar da shi. Mai kyamara na share hawaye da hularsa, 'yan wasan da suka fito a 'ya'yansa sun rungume juna, furodusa na fyace hanci. Ilaria ta durƙusa ta kama hannunsa.

"Baba, ban taɓa ganin irin wannan ba. Na ce a fara a hankali don kada in katse ka. Yadda hannun nan ya saki bargo, yadda bakin ya ɗan buɗe! Yaya aka yi?"

Osvaldo ya waiga. Pierina na bakin ƙofa tana ɗaure tawul, ko kallonsa ba ta yi.

"Shekara hamsin ana aiki, 'yata," ya ce.

"Gobe za mu ɗauka ta ɗaya gefen. Haka dai za ka yi, kada ka canza komai."

Suka hau motar komawa gida, suka haye gada. Sannan ya matso kusa da kunnen Pierina.

"Na yi minshari?"

"Sau biyu. Mai ɗaukar sauti ya ce zai goge."

Ya gyaɗa kai, ya dubi tukunyar da ke kan cinyarta.

"Da sauran miyar nan?"

"Babu," in ji Pierina. "Mu sauka wajen mahauci kafin ya rufe."