Baƙon da Inna Ta Gaya wa Sunan Ɗanta

A gidanmu ba wanda ya taɓa jin sunan Yaya Ilyasu a bakin Inna. Shi ne ɗanta na fari, ita kuwa Inna Tata jikar makiyaya ce, irin waɗanda suka jingine sanda suka ɗauki hauya a wani ƙauye gabas da Gazawa. Shanun sun ƙare tun kafin a haife mu, amma kunyar ɗan fari tana nan daram. Idan za ta yi maganarsa sai ta ce "wancan". Idan ya shigo gaishe ta, sai ta juya ta amsa wa bango. Ni Nasira, auta, ina hawa cinyarta in ci tuwo, in yi mata tsiwa ta yi dariya. Shi kuwa ko ruwa zai sha, sai ta ajiye ƙwarya a ƙasa ta ce in gaya wa wancan ga ruwa nan. Tun ina ƙarama abin yake ba ni haushi, har yau kuma bai daina ba.

A lokacin Yaya siriri ne, dogo, duk ƙashi da jijiya. Da kaka ta yi, an yanke gero an tone aya, sai a share fili a gindin babban gawon bayan gari, a yi ta kokawa daga la'asar har rana ta yi ja. Ƙugiya ake ce masa, saboda yadda yake saƙala ƙafa a bayan ta abokin karawa, kafin mutum ya farga bayansa ya sha ƙasa. Ya kayar da na ƙauyenmu, ya kayar da na Agiye, aka riƙa ɗaukarsa a bayan motar kasuwa har Cadakori da Gidan Rumji. Ina tuna ƙamshin gyaɗa soyayye a bakin filin, da yadda makaɗa suke canza hannu da zarar ya miƙe. Matan gari kaf suna can suna guɗa, ban da mace ɗaya. Ranar da samari suka kawo shi gida a kafaɗa, abin da Inna ta tambaye ni shi ne ko an ɗaure awaki.

Wata rana yana shafa man shanu a gwiwa ya ce mini duk guɗar nan da ake yi masa zai ba da ita a kan Inna ta kira sunansa sau ɗaya, ko da faɗa ne. Ya faɗa yana dariya, amma na san ba wasa yake yi ba. Na tausaya masa ƙwarai, na kuma ji haushin Inna har na ƙi cin tuwonta ranar.

Daga baya aka zaɓe shi cikin ƴan kokawar jihar Maraɗi masu zuwa gasar ƙasa. Bai ci takobin da ake ba zakaran gasar ba. Ya yi kusa, sai gwiwarsa ta dama ta goce a tsakiyar karawa, kokawa ta ƙare masa ke nan yana da sauran ƙarfinsa. Yana zaune a gefen fili da ƙafa a ɗaure wani ɗan jaridar gidan rediyo ya miƙa masa abin magana, don dai ya cike lokaci. Yaya ya dubi mutum biyun da ke shirin kamawa, ya faɗi wanda zai faɗi da ƙafar da za a ɗauke masa, haka kuwa aka yi. Ashe bakinsa ya fi ƙafarsa ƙugiya. Daga rediyo sai wani gidan talabijin a Yamai ya ɗauke shi, ya zama mai gabatar da shirin wasanni kowane mako.

Yamai ta karɓe shi, shi ma ya karɓe ta da hannu biyu. Wuya ya cika, tumbi ya fito, shadda ta maye gurbin walki. Ina tsokanarsa a waya cewa yanzu ko ɗan akuya ya taɗe shi sai ya faɗi. Ya aiko mana da talabijin, wanda Inna ke ce wa tele, da faifan hasken rana, ranar shirinsa tsakar gidanmu ta koma kamar kasuwa. Da fuskarsa ta bayyana sai Inna ta ja mayafi, ta juya wa akwatin baya, ta jawo faifan ayarta tana tsinta. Takan ce a rage muryar wancan. Ba ta taɓa cewa a kashe ba, amma ni a lokacin ban lura da wannan ba, haushi ya rufe mini ido.

Bayan rasuwar mahaifinmu Baba Ɗangana sai mantuwa ta fara kama Inna. Ta fara da neman ludayin da ke hannunta, ta kai ga tambayar ko an tatso shanun da ita kanta rabonta da su tun tana budurwa. Wani lokaci ta kira ni da sunan ƙanwarta da ta daɗe da rasuwa. Na kira Yaya na ce ya zo. Ya ce akwai gasa a gaba, sai an gama. Na ce masa gasa kowace shekara ana yi, uwa kuwa ba a sake ta, in ya ga dama ya zauna ya yi ta yi wa ƙasa surutu har ya zo ya tarar ba kowa a cikin jikin. Na kashe wayar ban jira amsarsa ba.

Ya zo a ƙarshen kaka. Motarsa ta tsaya a Gazawa saboda rairayi, ɗan kabu-kabu ya ƙaraso da shi a babur, ya sauko yana ɗingishi yana haki. Inna tana ƙarƙashin rumfa da hantsi, faifan aya a cinya. Ya cire takalmi ya durƙusa da ƙyar, ya gaishe ta kansa a ƙasa yadda ya saba, yana jiran ta amsa wa bango.

Sai ta ɗago ta dube shi tsakiyar ido. Tun da nake ban taɓa ganin haka ba. Ta yi masa maraba irin ta baƙo, ta sa na shimfiɗa masa tabarma, ta miƙa masa ruwa da hannunta. Ta tambaye shi daga ina, ya ce daga Yamai.

"Yamai? Ashe ka san ɗana," in ji ta. "Ilyasu. Shina cikin tele."

Na buɗe baki zan ce mata ai shi ne wannan, sai Yaya ya damƙe mini wuyan hannu. Tumbi ko ba tumbi, riƙon ɗan kokawa yana nan. Ya ce mata ya san shi, amma sama-sama, ko za ta ba shi labarinsa.

Inna ta gyara zama. Ta ce ba a yi ɗan kokawa kamar Ilyasu ba a ƙasar nan, kuma ba ji ta yi ba, gani ta yi. Duk ranar da ake karawa a gindin gawo, in gida ya watse, turmi take kifawa a bayan rumbu ta hau, ta leƙa ta saman danga. Ta ce akwai abin da ko makaɗansa ba su sani ba: in zai saƙala ƙugiya sai ya fara taɓa kunnensa na hagu, tun yana rarrafe haka yake yi in zai ƙwaci abu. Da ta ga hannu ya tafi kunne sai ta sauko daga turmin, don ta san an gama. Ranar da gwiwarsa ta goce kuwa a rediyon maƙwabta ta ji, ta ɗauki igiya ta ce za ta itace, ta je cikin karan gero ta yi kukanta ta dawo.

Yaya yana zaune, hawaye na bin wannan cikakken wuya nasa har cikin shadda. Inna ba ta kula ba. Ta janyo murfin tasa daga ƙarƙashin faifan ta nuna masa, an goge shi har yana ɗaukar ido. Ta ce a ciki take kallon ɗanta in ta juya wa tele baya. Ba ya fita sosai, amma tana gane shi.

Ya share fuska ya ce, "Inna, in na koma mi zan ce mishi?"

"Kak ka ce mishi komi," ta ce da sauri, ta ja mayafi. "Ɗan farina ne. Kai dai baƙo ne, shi ya sa."

Ta ƙulla aya a tsumma ta ba shi, ta ce ya kai wa Ilyasu, ya ce wata tsohuwa ce ta ba da a hanya.

Ya yi mako guda tare da mu a matsayin baƙon Yamai. Kullum da hantsi sai ya zauna a tabarmar nan, ta sake ba shi labarin daga farko, ta kira sunan ta sake kira. Na ce masa ya gaya mata gaskiya mana, ko sau ɗaya ta san ɗanta ya zo. Ya ce in ya gaya mata bango za ta juya wa, shi kuwa ya gaji da bango. Ranar tafiyarsa ta yi masa addu'ar da ake yi wa matafiyi, ta ce ya gaida mutanen gidansu.

Mako na zagayowa muka kunna talabijin. Yaya ya bayyana da hularsa, kafin ya yi sallama ya ɗaga hannu ya taɓa kunnensa na hagu. Yara suka yi dariya, sun ɗauka ƙaiƙayi ne. Inna ta riga ta juya baya, ta ce a rage muryar wancan. Na leƙa ta kafaɗarta, na ga tana goge murfin tasar da bakin zanenta.