Bangon Kawu

Kawu ya yi shekara da shekaru yana tuƙin babbar mota, ya ga gari ya ga mutane, amma bai taɓa ganin sana'a irin ta 'yar ƙanwarsa ba. Darakta ake ce mata yanzu. Fim ɗinta na farko take yi, ba kamfani ba ubangida, falonsa ma aronsa ta yi.

Abin da ya ɗaure masa kai, yarinyar ba ta son surutu a fim. Sai ta zaunar da jarumin a kujera, ta kafa kyamara, a yi tsit kamar gidan makoki. Kawu ya leƙa, ya ga rabin hoton duk bangonsa ne, da tsagewa da dauɗa. Ya tambaye ta shin mutumin ne jarumi ko bangon. Ta yi dariya ta ce ya bari a gama.

Kunya ta hana shi bari. Ranar da suka huta ya kira mai fenti.

Da safe Darakta ta shigo, ta tsaya cak. Fitowa ɗaya ta rage a ɗauka a fim ɗin, jarumin kuma gobe zai yi tafiya, ba ranar dawowa. In bango ya canza ana tsakiyar labari, fim ya mutu.

"Kawu, wa ya aike ka?"

"Gyara ma laifi ne? Duniya fa za ta kalla."

Ba ta yi faɗa ba. Ta buɗe masa hotunan da aka ɗauka, ta ce ya mayar mata da bangonta kafin rana ta bar taga.

Haka dattijo ya tuɓe riga yana ɓata fentinsa da hannunsa. Ya tone tsagewar da wuƙa, ya goga gawayi inda fitila ta yi hayaƙi, mai ɗaukar sauti na yi masa tsiya wai Kawu ya samu aiki a fim. Can Darakta ta nuna wani tabo mai duhu saman kujerar a cikin hotunan, ta ce shi take bi da kyamara tun farko, amma ba ta san ko na mene ne ba.

Kawu ya daɗe yana kallo. Nan marigayiya matarsa ke jingina kai in ta shafa mai.

Ya shiga ɗaki ya ɗauko kwalbar man gashinta, da ɗan saura a ciki. Ya shafa a ƙeyarsa, ya zauna ya jingina.

"Ba ta kai ni tsawo ba," ya ce, ya ɗan zame ƙasa.