Makullin Baffa

Tun da Baffa ya ɗaukaka ƙara, kwaɗo biyu ne a ƙofar gidan, ɗaya na su Auta, ɗaya nasa. Kotu ce ta ce kada kowa ya shiga sai an yanke hukunci. Gidan mahaifin Auta ne, amma Baffa, ƙanin marigayin, ya kafe cewa a kan filinsa aka yi ginin. Ƙaramar kotu ta ba su gaskiya, ya ce atafau bai yarda ba. Shi ke nan fa, shari'a ta miƙe ƙafa: yau an sauya wa alƙali wurin aiki, gobe lauya ya yi tafiya.

Ita Auta ba ginin ne ya dame ta ba, Mama ce. Mantuwa ta kama tsohuwar. A ɗakin da suka kama haya, kullum sai ta tashi tana laluben ƙofar kicin a bangon da babu ƙofa. Likita ya ce abin gaba zai yi ta yi. Auta so take ta mayar da ita gidanta tun tana iya gane shi.

"Za mu roƙi kotu ta gaggauta sauraro," in ji lauyarta. "Amma in ɗaya ɓangaren ya ƙi, ja-in-ja ce sabuwa."

"Zai ƙi. Baffa ne fa, ko gaisuwata ba ya amsawa."

Ranar zaman ba ta sami wanda za ta bar wa Mama ba, dole ta taho da ita. Suna kan benci a barandar kotu sai ga Baffa, fuskar nan a murtuke. Auta ta kawar da kai. Mama kuwa ta washe baki.

"Dogo! Ina ka shige? Dubi yadda ka rame, sai ka ce ba a ba ka abinci! Yayanka sai cigiyarka yake. Ka biyo mu gida, kuma famfon nan da ka ce za ka gyara min har yau ɗiga yake, sarkin alkawari."

Baffa ya daskare. A hannun Mama ya yi karatu, ita ke wanke masa kayan makaranta. Ya dubi Auta.

"Tun yaushe?"

"An kwana biyu, Baffa."

"Shi ne ba wanda ya gaya min?"

"Ai lauyoyi ke yi mana magana."

Da aka shiga, lauyansa ya yunƙura zai soki roƙon, Baffa ya jawo masa riga ta baya har sai da ya zauna. Alƙali ya dube su ta saman tabarau, ya sa rana a wata mai kamawa. Auta ta ji hawaye ya zubo mata, ba ta ma share ba.

A waje Baffa ya ciro makullin kwaɗonsa daga aljihu, ya miƙa wa Auta.

"Riƙe. Ranar da aka ce a buɗe, kada a tsaya nemana."

Mama ta ƙura masa ido, ta ja gefen mayafin 'yarta.

"Auta, wane ne wannan bawan Allah?"

Baffa ya durƙusa, ya gyara wa tsohuwar takalminta da ya zame.

"Mai gyaran famfo ne, Yaya."