Ɗan Kaza na Bakwai

A bakin fiton ƙauyensu Radiyya, can ƙasa da Haɗeja, 'yan fito suna da hanyarsu ta gwada idon tsoho. In magariba ta wuce sai a ce ya ɗaga kai ya ƙirga 'ya'yan Kaza, tarin taurarin nan da ke cure wuri guda. Wanda ya ga bakwai, gorar tuƙi tasa ce. Wanda ya gaza sai ya miƙa wa na baya.

Kawu Shu'ibu, yayan mahaifiyarta, bai taɓa gazawa ba. Yanzu yanar ido ta rufe masa ido fari fat kamar an ɗiga nono, makon jiya ma ya kifa kwale-kwalen cikin ciyawar kacalla har wata mai ciki, Ramatu, ta sha ruwa, amma in ka tambayi majalisarsa, idon Malam ya fi na shaho. Majalisar kuwa wasu ƙarti ne da ba sa noma ba sa su, sai zaman jiran soyayyen kifinsa.

Ran nan mata sun yi yamma a girbin alkama, suka yi salla a tsallake. Inna Yagana, mahaifiyar Radiyya, har ta shiga jirgin ta zauna da ƙunshinta a cinya. Mijin Ramatu ne ya yi ƙarfin hali ya ce a sake gwaji.

"Gwaji kuma?" in ji Mukhtar, babban ɗan koren majalisar. "To ga 'yar boko nan, ta yi alƙalanci. Malama, 'ya'yan Kaza nawa ne a jami'a?"

Radiyya ba ta iya magana cikin maza ba, ƙasa take kallo. Amma tauraro na bakwan nan ta san shi, a kansa ta yi aikinta na kammala digiri. Ta ce a hankali, Kaza tana cikin burujin Sa, kuma na bakwan ba ƙarami ba ne, nisa ne ya dusashe shi. Ya fi rana girma da zafi, launinsa fari mai shuɗi-shuɗi. Saboda tsananin saurin juyawarsa har ya baje ta tsakiya yana watsar da iskar jikinsa, shi ya sa haskensa kan ƙaru ya ragu. Ga shi manne da wani da ya fi shi haske, ko mai lafiyar ido sai ya dage yake raba su.

"Kun ji fa, tauraro yana juwa!" Mukhtar ya tafa hannu. "Allah ya sa dai ba ya amai."

Suka kwashe da dariya, irin ta mutanen da suka saba yi wa mai abinci dariya tun kafin ya gama magana.

Kawu Shu'ibu ya gyara tsayuwa, ya tura hula ƙeya, ya miƙa yatsa gabas.

"Ɗaya. Biyu. Uku..."

Radiyya ta bi yatsan da kallo. A farkon sanyi ne Kaza ke fitowa ta nan, lokacin da ake shuka alkama. Yanzu girbi ake yi, ta daɗe da karkata yamma. Inda yake nunawa babu ita babu alamarta. Ba gani yake yi ba, hadda ce yake biyawa.

"Shida. Ga kuma ɗan autan can a maƙale. Bakwai!"

"Tabbas bakwai!" in ji Mukhtar, ya ɗaga haɓa gabas shi ma. "Ni shida na gani, wallahi. Malam sai kai!"

Radiyya ta dube su ɗaya bayan ɗaya. 'Ya'yan manoma da masunta ne, kowannensu ya san inda Kaza take kamar yadda ya san ƙofar gidansa, amma duk sun jera wuya suna gyaɗa wa wofi kai. Mijin Ramatu ma, mai neman gwajin, takalminsa yake dubawa kamar yau ya saya. Waɗannan ne za su bar uwarta ta ratsa zurfi cikin duhu don kada kifin gobe ya wuce su.

"Kawu," ta ce, "Kazar tana bayanka."



"Ke 'yar Yagana, ni za ki koya wa sama?"

Bai dai waiwaya ba. Mukhtar ya kama tari.

Inna Yagana ta daɗe tana kallon yayanta. Sannan ta miƙe, ta ɗora ƙunshinta a ka, ta tako cikin laka ta fito.

"Yaya, ƙafata ta yi tsami da zama. Bari in taka ta gada."

Gadar da nisa, kowa ya sani. Matan suka fara fitowa ɗaya-ɗaya, kowacce da uzurinta, wata ma ta ce ta manta lauje. Suka hau turba. Sai da suka yi nisa Inna ta miƙo wa Radiyya ƙunshin ba tare da ta juyo ba.

"Riƙe, mara kunya. Ki haska mana da wayar nan."