Takardar Amana

Karo na uku ke nan ɗan sandan yana tsayawa a ƙofar benensu daidai lokacin tashi daga makaranta. Rawiya ta hango shi tun daga wajen mai sayar da dafaffen wake, ta ƙara damƙe hannun 'yarta Tuka.

"Madam Rawiya!" Ya ɗaga murya yadda duk lungun zai ji. "Ranar Alhamis kotu. Ko sai mun zo da mota?"

"Na sani, yallaɓai, sammacin yana hannuna. Ka sassauta murya, akwai yarinya."

"To ki biya mutane kuɗinsu mana, yarinya ta huta da ganina. Wai ko shayi ba a ba baƙo a gidan nan?"

Tuka, mai shekara shida, ta shige bayan abayar uwarta. Da suka hau sama ko kallon abincinta ba ta yi ba. "Mama, tafiya zai yi da ke?"

Zubi biyu kawai ake bin Rawiya, fam dubu biyu. Ta kwashi adashin a wata na uku aka yi wa Tuka aikin maƙogwaro, sai masaƙa ta rage wa mijinta kwanakin aiki. Amma ranar kwasa, uwar adashin, Hajja Itimad, ta sa ta sa hannu a takardar amana wadda ba a rubuta komai a kai ba, kamar yadda ake yi yanzu. Da zubi ya tsaya, Hajja ta cike takardar da dubu goma sha biyu ta kai wa 'yan sanda. Bashi ya koma cin amana, hukuncinsa kuwa ɗauri.

A zamanin mahaifiyarta Nawal, a wannan lungu na garin Mahalla, adashi ba ya da takarda. Gwangwanin alewa ne a saman firji. Ran ɗaya ga wata mata su hau rufin bene suna tsinkar ganyen lalo, kowa ta kwance bakin gyale ta jefa nata, ana tsokanar wadda za ta kwasa. Wadda ta gaza, sai wata ta rufa mata, ba a ko faɗi sunanta ba.

Cikin matan rufin nan mutum ɗaya ta rage, Ummu Sabri, a hawa na ƙasa. Rawiya ta sauka wajenta don ta roƙe ta ta riƙe Tuka ranar Alhamis, ko da ba ta dawo ba.

Tsohuwar ta ajiye kofin shayinta. "Ke 'yar Nawal, kin haukace? Ni da gwiwar nan zan bi wannan aljanar taki? Ɗauko min takalmina."

"Ina za mu, Inna?"

"Gidan Itimad. Ai ni ma ina cikin adashin, kuma wannan watan nawa ne."

Suka same ta tana ƙirga kuɗi a falo. Ummu Sabri ko zama ba ta yi ba.

"Itimad, na san ki tun majina na zuba miki. Cire dubu biyu a kwasata, ki janye ƙara, ki ba yarinya takardarta."

"Haba Inna, ni ma mutum goma ke wuyana. Idan ban tsorata su ba wa zai biya?"

"Yanzu an biya. Sauran dubu goman fa, na wa?"

Hajja Itimad ta sunkuyar da kai. Washegari su uku suka je ofishin 'yan sanda aka rubuta sulhu, takardar ta dawo hannun Rawiya.

A matakala Rawiya ta tsayar da tsohuwar. "Inna, kuɗin da za ki gyara haƙoranki ne fa. Bari in rubuta miki, ɗari biyar duk wata."

"Shekarar da Baban Sabri ya faɗo daga kan gini, kwasar uwarki ce. Kayan ɗakin yayarki za ta saya. Ta tura min gwangwanin da ƙafa muna tsinkar lalo, ba ta ko dube ni ba. Kin ji an ce ta sa ni sa hannu?"

Rawiya ta hau sama, ta ɗora tukunyar shayi, ta cusa takardar a wutar. Tuka na leƙen ƙofar bene ta taga.

"Mama, yau bai zo ba."

"Ba zai ƙara zuwa ba. Zo ki ci abincinki, sannan mu sauka mu taya Inna tsinkar lalo."